Gawar Masar a Motar Majigi

Ba na jin akwai ranar da zan manta da yammacin da na tsaya a gaban mutanen garinmu, Salaga, ina fassara musu nishin gawa da sunan Gwamnati. Ku da kuka shigo aikin nan bayanmu kun sha tambayata wane rangadi ne ya fi tsaya mini a rai. To, wannan ne.

Lokacin babban yaƙin nan ne, sa'ad da ake ɗibar samarinmu ana kai su Bama. Gwamnati ta zuba motocin majigi su riƙa zaga garuruwa. Kowace mota mutum biyu ne: direba, wanda shi ne kuma mai juya inji, sai tafinta. Ni ne tafintan motarmu, muƙamin da bai kai na akawu ba amma ya fi na masinja. Direbanmu Kofi ne, mutumin Asante, wanda ya koyi Hausa a zangon Kumasi, shi ya sa a bakinsa mace da namiji duk “ya” ne.

Ga yadda aikin yake. In mun isa gari mu gai da Disi, wato Baturen da ke mulkin yankin, mu gai da sarki, sarki ya sa a yi shela. Bayan magariba mu kafa farin ƙyalle a bakin kasuwa, Kofi ya ta da inji ya rage muryar Turancin, ni kuma in yi bayani ta lasifika. Ƙa'ida ita ce ba a nuna fim sai tafinta ya kalle shi a ofis an gaya masa abin da ake nufi. Kuma kowane fim namu darasi ne: yadda ɓera ke kawo ciwo, yadda ake tafasa ruwa, yadda ake shuka gyaɗa, yadda sojojinmu ke cin shinkafa suna dariya a ƙasar waje. In fim ya ƙare sai in rufe da kalma ɗaya wadda ba ta canzawa: “Gwamnati ta ce…” sannan in faɗi darasin. Mutane sun saba da ita har yara kan riga ni faɗa.

A wannan rangadin an tsara mu yi Salaga, mu yi Yendi, mu ƙare a Bawku. Ranar tashi aka haɗa mu da wani Bature injiniyan hanya da zai je aiki Bawku, motarsa ta lalace. Dogo ne, mai fara'a, lofe ba ya barin bakinsa, don haka kafin mu isa Salaga Kofi ya riga ya raɗa masa Mai Lofe. A cikin kayansa akwai gwangwanayen fim da ya aro a kulob ɗin Turawa, zai kai wa 'yan'uwansa da kaɗaici ya dama a can arewa.

A Salaga kowa ya san ni. Kakana falken goro ne, gidanmu na cikin zango, don haka ranar na sa rigata mafi kyau. An cika fili, dattawa a kan kujeru, mata a gefe, yara a ƙasa. Muna tsakiyar fim ɗin ɓera, daidai inda ɓeran ke hawa buhun hatsi, sai hoto ya tsaya, ya yi ja, ya narke a kan ƙyalle. Kofi ya leƙo da hayaƙi a bayansa.

“Malam, ɓera ya mutu. Sai gobe in ɗinka shi.”

Sauran finafinanmu an riga an nuna su a garin a zuwan da ya wuce. Jama'a suka fara guna-guni. Mai Lofe, wanda ke zaune kusa da dattawa, ya kira ni ya ce a sa nasa.

Na ce, “Masa,” don haka muke kiran Turawa a wurin aiki, “ban kalle shi ba, kuma ba na ofis ba ne.”

Ya yi dariya ya ce laifin a wuyansa. Ya ce labarin wata gawa ce ta ƙasar Masar, za mu ga yadda mutanena za su watse da gudu, kuma in sun dawo hayyacinsu sai su gane camfi abin dariya ne. Shi babba ne, ni tafinta. Aka sa.

Abin da ke ciki ke nan, kamar yadda na riƙa gani ina faɗa. Wasu Turawa sun je hamada da lebura suna haƙa. Suka tarar da ƙofar dutse da rubutu a jikinta. Wani tsoho ɗan ƙasar ya roƙe su kada su buɗe, ya ce kabarin wani basarake ne na zamanin Fir'auna, wanda ya taɓa shi ba zai ga alheri ba. Suka ture tsohon, suka fasa ƙofa. A ciki ga gawa kwance cikin akwati, an naɗe ta da tsumma tun daga ka har ƙafa. Babbansu ya cire abin wuyan zinariya daga ƙirjinta ya sa a aljihu.

Na saci kallon jama'a don in ga masu gudu. Ba wanda ya motsa. Sai na ji muryar wata gwaggota daga cikin mata:

“Kai Garba! Waɗannan ɓarayi ne ko ma'aikata?”

Na ce ta lasifika, “Masu ilmi ne, Gwaggo.”

Ta ce, “To Allah ya kiyashe mu da ilmi.”

Da gawar ta buɗe ido ta miƙo hannu, yara sun yi kururuwa, gaskiya ne, wasu suka shige zannuwan iyayensu. Amma manya salati suka yi irin na tausayi. Wani tsoho ya ce, “Wayyo bawan Allah, sun hana shi kwanciya.” Da ta fito tana jan ƙafa tana bin Turawan ɗaya bayan ɗaya, sai fili ya koma kamar wurin dambe. Ana ta “Ga shi can bayan labule!” “Kama mai gemun, shi ya ɗauki zinariyar!” Lokacin da ta shaƙe babbansu, tafi ya ɓarke, mata suka rangaɗa guɗa. Ni dai ina tsaye ina gumi, don Bature na zaune a tsakiyarsu ana murnar an shaƙe Bature. Da na dube shi sai na ga yana dariya har lofe na neman faɗuwa. A ganinsa tsoro ne ya ruɗa su.

Fim ya ƙare, an mayar da gawa raminta, ƙyalle ya yi fari. Ba wanda ya tashi. Ana jiran abin da aka saba. Na sunkuya na ce, “Masa, suna jiran darasi. Me Gwamnati ta ce?”

Ya share hawayen dariya ya ce, “Ka gaya musu su bar matattu su yi barcinsu, in ba haka ba mai tsumman nan zai zo musu.”

Aikin tafinta ba ragi ba ƙari. Na ɗaga murya na ce, “Gwamnati ta ce a bar matattu su yi barcinsu. Wanda ya tone kabari, abin da ya gani shi ya jawo.” Jama'a suka ce madalla.

Washegari a ƙofar masallaci ba a yi wata hira ba sai wannan. Limamin unguwarmu ya kira ni ya ce abu biyu ne ba su yi masa ba. Na farko, mamaci ba ya tashi sai ranar tashin kowa. Na biyu, duk wanda ya yi wa mutumin nan likkafani bai iya ba. Amma ya ce hukuncin daidai ne, ko kabarin kafiri ba a buɗe shi don zinariya, kuma bai taɓa zaton zai ji wannan daga bakin Nasara ba.

Labari ya riga mu zuwa Yendi, don lorin doya ya fi motarmu sauri. Kofi ya ɗinke ɓeransa, muka nuna shi, muka nuna na sojoji, amma jama'a suka ƙi tashi, suna ta kiran “Mai tsumma! Mai tsumma!” Mutane sun zo daga ƙauyuka da tabarminsu. Na tuna wa Mai Lofe ƙa'ida, ya ce taron da ya fi kowane taro shi ne abin da ofis ke so ya ji. Aka sake sawa. A nan ina faɗa da Hausa, wani malamin makaranta yana juyawa da Dagbanci, harshen mutanen wurin, kuma na lura nishin gawar ya fi tsawo a bakinsa. Da aka gama Mai Lofe da kansa ya ɗaga mini hannu in faɗi darasin Salaga. Ya ji daɗin abin ƙwarai. A hanya yana ta ba mu labarin yadda zai ba abokansa dariya.

Wanda abin bai yi wa daɗi ba shi ne Kofi. Ya saba kwana a mota don tsaron kaya, amma daga Yendi ya ce sauro ya yi yawa a ciki. Gwangwanayen kuwa ya ɗora musu tayar safaya da dutse.

Sai da muka gangara dutsen Gambaga muka shiga Bawku na san aikin da ya kawo Mai Lofe. Ana son a miƙe hanyar lori daga kara, wato kasuwar shanu, ta fita gari ba tare da kwana ba, saboda dabbobin da ake kai wa sojoji kudu. Miƙaƙƙiyar hanyar kuwa ta tsakiyar tsohuwar maƙabartar zango ta bi. An riga an kafa turaku. Dattawan zango sun je sun yi roƙo, an ce musu za a kwashe ƙasusuwan cikin mutunci a sake musu wuri, kuma yaƙi ba ya jira. Sun dawo ba su ce sun yarda ba, ba su ce sun ƙi ba. An tara lebura, Kusasawa da Mosawa da 'yan zango, ana jiran injiniya kawai.

Na je na ga wurin da rana. A gindin wata bishiya, dab da turaku, wata tsohuwa na zaune da tukunyar koko. Mma Lami ake ce mata. Wurin ba masu wucewa sosai, na tambaye ta me ya sa ba ta kai kokonta bakin kasuwa ba. Ta nuna mini tudu biyu da aka kewaye da duwatsu, turke ɗaya a tsakaninsu. Ta ce mijinta ne da ɗanta na fari. Tun ranar da aka kafa turakun ta dawo da sana'arta nan, don kada a fara ba ta kusa.

Na koma bariki na sami Mai Lofe. Na ce, “Masa, a ganina kada a nuna mai tsumma a garin nan.”

Ya ce me ya sa. Na ce saboda hanyar. Ya dube ni kamar na haɗa abin da ba ya haɗuwa. Ya ce wancan wasa ne, wannan aiki ne, ko jariri ya san bambanci. Ya ƙara da cewa Disi da matarsa za su zo kallo, ya riga ya yi musu alkawarin za su ga abin dariya.

Ban taɓa ganin taro irin na Bawku ba. Fatake daga ƙasar da Faransi ke mulka a tsallaken iyaka, mutanen Binduri, mahauta, Fulani da sandunansu. A sahun gaba akwai Maigida Salifu, babban mai masaukin fataken shanu, wanda shi ke magana da yawun dattawan zango. Mutum ne mai jiki, mai magana a hankali. Abin da na lura da shi, a nan ba a yi tafi ba, ba a yi guɗa ba. Lokacin da leburan cikin fim suka ɗaga diga suka sari ƙofar kabari, fili ya yi tsit har ana jin ƙarar inji. Da aka gama na tsaya ina jan lokaci, ko Allah zai sa a tashi. Sai Maigida Salifu ya ce da ƙarfi, “Malam tafinta, ba mu ji abin da Gwamnati ta ce ba.” Na dubi Mai Lofe. Ya kaɗa mini lofe, wato in faɗa. Na faɗa, a gaban Disi, kamar yadda na faɗa a Salaga da Yendi.

Da safe Mai Lofe ya je wurin aiki da ma'auninsa. Ya tarar da diga da shebur a jere, an goge su tsaf, ba mutum ko ɗaya sai Mma Lami da tukunyarta. Shugaban lebura ya aiko cewa cikinsa na ciwo. Sauran ma duk cikinsu na ciwo.

Kafin azahar aka kira ni ofishin Disi in yi tafinta, don dattawan zango sun zo. Na ɗauka ƙara suka kawo. Ashe godiya ce. Sun zo da rago da ƙwarya cike da ƙwan zabi. Maigida Salifu ya zauna ya gyara riga ya ce:

“Malam, gaya wa Disi mun gode. Da muka zo roƙo aka ce mu tafi, mun ɗauka ba a ji mu ba. Ashe Gwamnati tunani take yi. Jiya ta aiko da mota tun daga kudu, da inji da Bature, don ta nuna mana ta fi mu sanin haɗarin tone kabari. Mun gani, mun ji, mun bi.”

Na juya. Wuyan Mai Lofe ya yi ja. Ya ce in gaya musu wannan ba saƙon Gwamnati ba ne, wasa ne, ƙarya ce aka shirya, wani ɗan wasa ne aka naɗe da bandejin asibiti, da aka gama ya kwance ya tafi gida ya ci abinci.

Na juya wannan ma. Dattawa suka dubi juna. Sai Maigida Salifu ya ce:

“Ikon Allah. Ashe majigi na ƙarya. To Malam, tambayar mini su don mu gaya wa jama'a daidai. Na ɓeran nan, shi ma naɗe shi aka yi? Da wanda muka ga 'ya'yanmu a Bama suna cin shinkafa suna dariya, har mata suka koma gida da sanyin zuciya, har wasu samari suka ce za su sa hannu, shi ma wasa ne? Ƙyalle ɗaya ne, mota ɗaya, bakin wannan malamin ne ya faɗa duka. A ware mana na gaskiya da na ƙarya.”

Na juya shi kalma bayan kalma. Disi mutum ne da ya daɗe a arewa, yana jin Hausa fiye da yadda yake nunawa, kuma a makon nan ake jiran ya aika da sababbin sojoji. Ya kalli silin. Sannan ya tambayi Mai Lofe da Turanci wa ya ba tafinta waccan maganar ta rufewa. Mai Lofe ya ce shi ne, amma da wasa. Disi ya ce, “Sau uku?”

Disi ya juyo ya ce in gaya wa dattawa majigin Gwamnati ba ya ƙarya, kuma za a sake duba hanyar. Ya karɓi ƙwan, ya mayar da ragon.

Aka tumɓuke turaku. Hanya ta zaga ta bayan maƙabarta ta yi wani dogon kwana wanda direbobi suka yi shekaru suna zagi. Na ji an ce a rahoton Mai Lofe ya rubuta cewa ƙasar wurin ce ba ta da ƙarfin ɗaukar lori, kuma an yaba masa da ya gano haka da wuri. Ni kuwa da muka koma ofis aka ja mini kunne don na nuna fim ɗin da ban kalla ba. Kofi bai koma kwana a mota ba sai da ya ga an sauke gwangwanayen da idonsa.

Kafin mu bar Bawku na je sallama gidan Maigida Salifu. Na tarar da shi a zaure ana lissafin shanun da za su tashi. Ya sallami mutane, ya ba ni goro. Na ce, “Baba, don Allah, kun yarda gawar nan ta tashi?”

Ya yi dariya har tumbinsa na rawa. Ya ce, “Ɗana, shekara nawa ina kai shanu Kumasi? Na shiga gidan silima ya fi a ƙirga. Na ga wanda aka harbe ya mutu ranar Jumma'a, ranar Asabar na gan shi a wani fim yana rawa. Leburan nan ma, rabinsu sun yi aiki a ma'adinan kudu, sun sani. Amma mun roƙi Bature da Allah bai ji ba, mun roƙe shi da iyayenmu bai ji ba. Da ya kawo nasa dodon da kansa, sai mu ƙi karɓa?”

Daga nan na bi ta maƙabarta. Mma Lami na ɗaure kayanta za ta koma bakin kasuwa. Ta zuba mini koko ta ƙi karɓar komai. Ita ma ta je kallon. Ta ce abu ɗaya ne ya tsaya mata.

“Wannan da aka naɗe, ɗana, ba shi da kowa ne? Ba ɗa, ba jika, ba wanda zai zauna masa a bakin kabari?”

Na ce, “Mma, ya daɗe ƙwarai da mutuwa. Mutanensa duk sun ƙare.”

Ta gyaɗa kai, ta ɗora tukunya a ka. Ta ce, “Shi ya sa sai da ya tashi da kansa, bawan Allah. Nawa ba su bukatar tashi. Suna da ni.”

Na yi shekaru da yawa bayan wannan ina bin mota gari gari. Abin da rangadin ya koya mini, kuma nake so ku riƙe, shi ne mu ma'aikata mukan ɗauka mu ne masu kallon jama'a daga bayan inji, muna auna abin da suka gane da abin da ya fi ƙarfinsu. Alhali su suke kallonmu, kuma ba abin da ke wuce su. Duk abin da kuka ɗora a kan ƙyalle da sunan hukuma, ko da wasa kuka faɗe shi, za su adana shi, kuma ranar da suke bukata za su kawo muku shi har ofis, da ladabi, su ce ku maimaita.